Na Je Gaida Mai Usur

Tun da na dawo daga Amurka ban samu na sha shayi da zafinsa a majalisarmu ta Gyadi-Gyadi ba. Da na ɗaga kofi sai wani ya ce, "Malam Nasidi, wai da gaske ne mutanen can ba sa gaisawa?" Kafin in haɗiye in amsa, wani ya sako tasa. A asibitin koyarwa ma haka nake fama, daga 'yan uwana ma'aikata har masu jinya. Maƙwabcina Malam Bitrus, malamin makaranta ne mutumin kudancin Kaduna, shi ya ce in rubuta sau ɗaya in huta. To, ga shi. Sai dai in faɗa muku gaskiya tun farko: kwas aka tura ni, takardar kwas na kawo wa asibiti, amma abin da ya kai zuciyata can wani tsoho ne.

Sunansa Mista Walta, mu kuwa Mai Usur muke ce masa, don ko masallaci ya zo wucewa usur na rataye a wuyansa. Ya zo Kano 'yan shekaru bayan samun 'yancin kai, yana koyar da wasannin motsa jiki a makarantar kwanan da na yi. Ƙato ne, hancinsa a karkace, gwiwarsa ɗaya na ƙara in ya durƙusa. Ya zo da wata ƙwallo mai siffar gwanda, wadda in ta faɗi ƙasa ba ka san inda za ta nufa ba. Ya ce a ƙasarsu rungumarta ake yi a ruga, abokan hamayya su bi ka su kayar. Muka ga ai kokawa ce aka haɗa da tsere, muka so ta ƙwarai. A wata na biyu, yara uku suka faɗo a kaina a kan busasshiyar ƙasa, cinyata ta dama ta karye. Ina da shekara goma sha huɗu.

Shi ya saɓa ni a kafaɗa har mota. Da aka cire mini siminti bayan watanni, ƙafar ta zama kamar sillen kara, likita ya ce da sanda zan ƙare rayuwa. Mai Usur bai yarda ba. Wata biyar yana zuwa gidanmu a Tarauni a kan keke kowace la'asar, lokacin Tarauni gonaki sun fi gidaje yawa. A zaure yake ɗaura mini jakar yashi a idon sawu, ya ce in ɗaga, yana ƙirgawa da gurguwar Hausarsa. Na tashi. Har yau ina ɗan ɗingishi, amma ban taɓa riƙe sanda ba, kuma abin da ya sa na shiga aikin gashin ƙashi ke nan. Ƙwallon gwandar kuwa ba mu sake ganinta ba.

Bayan ya koma gida, kowace shekara sai wasiƙarsa ta zo. Bara sai wasiƙar ta zo daga 'yarsa Sara, wadda muke kira Saratu tana 'yar mitsitsiya a Kano. Ta ce ɓarin jikinsa ya shanye, ya ƙi motsa jiki, ya ƙi ganin mutane. Na karanta na ninke, don a lokacin soja ko mafarkin biza ba ma yi. Da suka koma bariki aka rantsar da farar hula, sai ƙofofi suka fara buɗewa. Watanni kaɗan bayan haka aka ce asibiti zai tura mutum ɗaya daga sashenmu kwas na mako uku a Shikago. Allah ya sa ni ne.

Biza a Legas ake bayarwa, don haka tafiyar Amurka daga tashar mota ta fara. Bayan mun wuce Mokwa taya ta fashe, muka sauka muka zauna a gindin wata bishiyar mangwaro awa biyu. Wani fasinja ya ce wa direba ai yanzu mulkin farar hula ne, ya kamata abubuwa su canza. Direban yana kwance ƙarƙashin mota ya ce, "Alhaji, ramukan hanyar nan ba su ji labari ba tukuna."

A ofishin biza wata Baturiya ce a bayan gilashi, yarinya da ba ta fi babbar 'yata ba. Ta juya takarduna ta ce, "Me zai sa ka dawo?" Duk amsoshin da aka haddatar da ni a layi suka gudu. Na ce mata ina da mata da 'ya'ya shida, kuma akwai wani tsohon direban tifa da na fara koya wa tafiya, na bar shi a taku bakwai, ina so in kai shi masallaci. Ta ɗago ta dube ni, ta buga hatimi.

Daga Kano jirgi ya ɗauke mu zuwa Turai, muka sauya wani. Ba zan ɓata muku lokaci da labarin gajimare ba. Abin da na sani shi ne rana ta ƙi faɗuwa, na rasa lokacin da zan yi la'asar, na yi ta a zaune bisa ƙiyasi na bar wa Allah sauran.

A bakin shiga ƙasar ne na fara jin kunya. Matata Hajiya Rabi ta ɗaure mini kilishi na musamman, rabi nawa rabi na Mai Usur, don ya sha ambatonsa a wasiƙa. Muna tsaye wajen ɗaukar kaya sai ga wani ɗan ƙaramin kare mai dogayen kunnuwa, sanye da riga kamar ma'aikaci. Ya wuce akwatin kowa, ya zo ya zauna a gaban nawa yana kallona. Ina ja da baya kada ya taɓa mini wando, ma'aikacin kwastan yana ce mini in buɗe. Ya warware takardar, ƙamshi ya tashi, har shi kansa sai da ya haɗiyi yawu. Ya tambaye ni mene ne. Na yi masa bayani tun daga yankan naman har shanya da labu. Ya saurara da ladabi har na gama, sannan ya ce ba a shiga da nama, ya jefa a wani kwandon ƙarfe. Na ce masa da ya bari mun ci ko yanki guda ne tare. Ya yi dariya ya ce doka ba ta yarda ba. Karen dai aka ba shi biskit.

An sauke mu a wani dogon gini na ɗalibai, hawa na tara. Ɗakin tsaf, ruwan zafi ba ya yankewa, amma babu buta. Na nema a ƙasan famfo, na nema a bayan ƙofa. Daga ƙarshe na sayi madara mai babbar gora, na shanye ta cikin kwana ɗaya da ƙarfin hali, gorar ta zama butata. Rana ta uku mai shara ta ɗauke ta ta zubar. Na sayi wata madarar. Ta sake zubarwa. Da na ga cikina ba zai iya da wannan yaƙin ba, sai na tsaya na jira ta. Baƙar fata ce dattijuwa, mai faɗin fuska. Na yi mata bayanin alwala. Ta dafe ƙirji ta ce in yafe mata, kakarta ma ba ta yarda ta yi addu'a ba ta wanke hannu ba. Washegari na tarar da wata 'yar butar ba furanni ruwa, koriya, a ajiye a kan teburina.

Maganar gaisuwa da kuke yawan tambaya: suna gaisawa, amma ba sa tsayawa. Mutum zai ce maka yaya kake, yana tafiya. Ranar farko na tsaya na fara ba wani likita amsa, na ce lafiya lau, sai dai gajiyar hanya, iyali ma na bar su lafiya. Kafin in tambaye shi nasa gidan, ƙofar lifta ta rufe da shi. Daga baya na gane ba wulaƙanci ba ne. Mu muna ba da lokaci a gaisuwa mu makara wajen aiki, su suna ba da lokaci a aiki su makara wajen gaisuwa. Likitan nan da lifta ta tafi da shi, shi ne ya zauna da ni awa biyu yana nuna mini yadda suke ɗaga mai shanyewar jiki ba tare da an cuci kafaɗarsa ba.

Abinci kuwa, na rayu a kan ƙwai da burodi da kifi, don tsoron naman alade, wanda suke sakawa har a cikin wake. Akushinsu na mutum ɗaya zai ciyar da mutum uku a gidanmu. Ranar da sanyi ya fara kama ni na shiga wani ɗakin cin abinci na ce a ba ni shayi. Aka kawo mini shi a dogon kofi, cike da ƙanƙara. Na zauna ina kallonsa yana kallona.

Da kwas ya ƙare saura mini kwana biyar. Na hau doguwar bas zuwa garinsu Mai Usur, tafiyar wajen awa bakwai a cikin gonakin masara da ba su da iyaka, kuma ban ga mutum ɗaya da fartanya ba. A tasha na tarar da wani jibgegen mutum mai jar fuska riƙe da kwali, an rubuta sunana an juya harufa biyu. Ya ce sunansa Rufus, yana sayar da kayan noma, Saratu tana wurin aiki ta roƙe shi ya ɗauko ni. Ya kama hannuna kamar zai tafi da shi.

A motarsa ne na ji tarihin malamina, wanda shi bai taɓa ba mu ba. Rufus ya ce a shekarun babban yaƙin duniya, Walta na cikin 'yan wasan da ake ji da su a jami'arsu. Lokacin hular fata suke sawa, babu abin kare fuska, can ya samo karkataccen hancin. Ana tsakiyar kakar wasa aka kira su soja, aka zuba su a jirgin ruwa. Da ya dawo ya buga wasan kuɗi shekara biyu, yana haɗawa da aikin masana'anta don abin da ake biya ba ya riƙe gida, sai gwiwa ta tashi aiki. Daga nan ya zama koci a makarantun sakandare. Rufus ya ce dattawan garin na cewa kafin ya tafi Afirka mutum ne mai zafi, wanda in yaro ya faɗi sai ya ce ya tashi ya goge jinin ya koma. Da ya dawo sai ya zama wani daban.

Na ce, "Daban kamar yaya?"

Ya ci gaba da tuƙi har muka wuce wata gada. Sannan ya ce shekarar da makarantarsu ta kai wasan ƙarshe na yankinsu, abin da garin bai taɓa gani ba, an bugi babban ɗan wasansu a kai. Yaron ya tashi ya ce lafiyarsa lau. Koci ya dubi idonsa, ya tambaye shi sunan mahaifiyarsa, yaron ya yi jim kafin ya tuna. Koci ya ƙwace hularsa ya zauna a kanta. Iyaye suna ihu, yaron yana kuka yana zaginsa, bai tashi daga kan hular ba har aka hura usur. Aka ci su. Shekara biyu wasu ba sa amsa masa gaisuwa a kasuwa.

Rufus ya ce, "Ni ne yaron. Na yi shekara goma ba na masa magana. Sai da na haifi ɗa namiji na je na buga masa ƙofa."

Na ɗauka gidan Saratu za mu, sai na ga mun tsaya a gidan kula da tsofaffi. Ba zan ɓoye muku ba, raina ya ɓaci. Na ce a zuciyata, mutumin da ya yi wata biyar a kan keke don ɗan wani, shi aka kawo aka ajiye a hannun baƙi? Saratu ta iso da rigar aikinta, gashinta ya fara furfura. Ta ce mini "sannu da zuwa" da Hausa, ita ke nan abin da ya rage mata. Ina jin ta karanta fuskata, don ba tare da na tambaya ba ta ce ta riƙe shi a gidanta wata huɗu. Mijinta ya rasu, ɗanta yana nesa, in ta tafi aiki babu kowa. Sau biyu tana dawowa ta tarar da shi a ƙasa. Ta ce, "A Kano na tuna gidajenku cike suke da mutane. Ni kaɗai ce a nawa." Na tuna gidanmu, inda tsoho ba zai yi tari sau biyu ba wani bai leƙo ba, na ga ba halinmu ne ya fi nata ba, yawanmu ne. Na nemi gafarar Allah a kan abin da na zata.

Mai Usur yana zaune a keken marasa lafiya yana fuskantar taga. Ƙaton nan ya koma kamar an rataye riga a ƙusa. Saratu ta ce in kira shi Walta kawai, haka kowa ke yi. Bakina ya ƙi. Na durƙusa a gabansa na ce, "Baba, ina wuni. Nasidi ne."

Bai dubi fuskata ba. Ƙafata ta dama ya duba, ya daɗe yana kallonta. Sannan ya ɗago, gefen bakinsa mai rai ya motsa, ya ce da Hausa a hankali, "Ina gajiya."

Na ce, "Ba gajiya, Baba."

Ya ce, "Ina labari."

Na ce, "Sai alheri." Saratu ta fita waje, Rufus ya tsaya yana karanta wata takarda a bango wadda na tabbata ya riga ya haddace.

A gidan Saratu na sauka. Ta kwashe duk abin da ya shafi alade daga firij tun kafin in zo, ta kuma tambayi wani a wurin aikinta inda gabas take ta liƙa 'yar takarda a bango. A falonta akwai hoton samari goma sha ɗaya da hulunan fata, suna dariya. Ta nuna mini babanta, sannan ta taɓa fuskoki huɗu ɗaya bayan ɗaya ta ce waɗannan ba su dawo daga yaƙi ba. Ta ce bai taɓa ba ta labarin yaƙin ba, ko sau ɗaya. In an matsa masa sai ya koma labarin Kano.

Washegari na duba shi da idon aiki. Hannun ya tafi, amma ƙafar da sauran rai a cikinta, zama ne ke kashe ta. Ma'aikaciyar wurin ta ce sun yi iya yinsu, in suka zo sai ya rufe ido. Na ce masa, "Baba, za mu ɗaga ƙafa." Ya rufe ido. Na fita na roƙi shinkafa a kicin, na cika safa da ita, na ɗaure masa a idon sawu. Ya buɗe ido ɗaya. Na zauna a ƙasa na fara ƙirgawa yadda yake yi a zaurenmu, da irin karyewar harshensa: "Daya. Biyu. Uku. Hudu." Na tsallake biyar na ce shida, don shi kullum sai ya manta biyar.

Kafaɗunsa suka fara rawa. Na ɗauka kuka ne, ashe dariya ce. Ya ce da Turanci, "Ka yi mini rashin kunya." Ƙafar ta ɗaga kamar faɗin yatsa biyu.

Kada in yi muku ƙarya, ban tayar da shi ya yi tafiya ba. Kwana uku ba sa gyara zaman shekara. Abin da muka samu shi ne ya miƙe tsaye, riƙe da ƙarfe, har a ƙirga goma. Ranar Asabar da rana makarantarsa ta da tana da wasa. Tun da ciwon ya same shi bai je ba, wai ba ya so yara su gan shi a keke. Da safe Rufus ya zo ya tsaya a bakin ƙofa yana murza hularsa. Mai Usur ya dube shi, ya dube ni, ya ce a ɗauko masa rigar sanyi.

Wasan nan na kalle shi da idona kuma har yau ban gane shi ba. Yara sun sa hular kwano da kafaɗun roba har sun zama kamar ingarmu. Su taru su sunkuya kamar masu shawarar aure, su watse, su yi karo, alƙali ya hura usur, a sake taruwa. Ga 'yan badujala, ga masu sayar da gugguru, gari kaf ya fito har da jarirai. Abin da na gane shi ne, wannan fili shi ne dandalinsu, nan suke ganin juna.

Da aka tafi hutun rabin lokaci, wani ya hango shi. Maganar ta bi layi-layi. Sai ga mutane suna saukowa, masu furfura da masu tumbi da matasa, kowa ya zo ya sunkuya ya ce "Koci," ya faɗi sunansa da shekarar da ya buga. Bai manta ko ɗaya ba. Ya ce wa wani har yanzu ba ka iya riƙe ƙwallo ba, ya tambayi wani lafiyar mahaifiyarsa. Can ya ja hannun rigata ya ce, "Goma." Na gane. Na shiga ta dama, Rufus ya shiga ta hagu, muka ɗaga shi. Ya tsaya a kan ƙafafunsa a bakin filin, iska na kaɗa masa 'yan gashin da suka rage. Mutanen da ke kan benci suka miƙe, babu wanda ya yi ihu, tafi kawai suke yi a hankali. Na ƙirga a zuciyata har ashirin da uku kafin gwiwar ta saki.

Ranar Lahadi da safe na je sallama. Na nuna wa ma'aikaciyar da Saratu yadda za su ci gaba, na rubuta musu a takarda. Sannan na gaya masa cewa mu in za mu rabu da wanda ba mu da tabbacin sake gani, sai mu ce mu yafi juna. Na ce, "Baba, in na taɓa saɓa maka, ka yafe mini."

Maganarsa a hankali take fita, sai ka matso. Ya ce shi ne mai neman yafiya. Ya ce ya san wasan nan ba a yinsa a kan busasshiyar ƙasa babu kariya, ya sani sarai, amma kewar gida ta sa ya fito da ƙwallon. Ya ce a yaƙi ya ga abubuwa da yawa, amma can ba shi ya hura usur ba.

Na ce masa ni ban taɓa ganin haka ba. Na ce ƙaddara ce, kuma da ƙafar nan na ci abinci na ciyar da 'ya'ya.

Ya girgiza kai ya ce, "Mahaifiyarka tana da rai?"

Na ce tana nan a Tarauni, da ƙarfinta.

Ya ce, "Wata biyar ina zuwa gidanku. Mahaifinka ya zauna da ni. Ita ba ta taɓa fitowa ba. Ko sau ɗaya ban ga fuskarta ba. Na san dalili, kuma tana da gaskiya."

Na yi ƙoƙarin yi masa bayani cewa a lokacin matan aure ba sa fitowa zaure gaban baƙo namiji, ko waye shi. Ya ce ya ji, ya san ni da kirki, zan faɗi abin da zai sanyaya masa rai. Ya ce, "Ka tambaye ta. Ita nake so ta faɗa."

Ashe abin da yake ɗauke da shi ke nan sama da shekara talatin, a cikin duk wasiƙun nan da yake tambayata damina da farashin gero. Na yi masa alkawari. Na kama hannunsa mai rai, ya riƙe nawa da sauran ƙarfin ɗan wasa, sannan Rufus ya mayar da ni tasha.

Kwana biyu da saukata Kano, bayan na huta, na tafi Tarauni da rikoda da sabon kaset. Na tarar da Inna a tsakar gida tana tsince shinkafa. Muka gaisa, ta tambaye ni hanya, ta ce na rame. Na ba ta labarin Mai Usur tun daga keke har filin wasa, sannan na faɗa mata saƙonsa. Ta ajiye faifan.

Ta ce, "Wai ni nake fushi da shi?"

Na ce, "Haka ya ɗauka, Inna."

Ta share ido da bakin zane. Ta ce in kunna abin. Kafin in danna sai ta ce in dakata, ta shiga ɗaki ta yafo mayafinta na zuwa biki, ta dawo ta gyara zama a gaban rikodar kamar mutumin na zaune a wurin.

Ta ce, "Salamu alaikum, Bature. Ina wuni, ya jiki. Allah ya ƙara sauƙi. Nasidi ya gaya mini maganarka. Ni ban taɓa riƙe ka ba. Kullum in ka zo ina bayan ƙofar zaure ina jin kuna ƙirga, in ka manta biyar in toshe baki kada ka ji dariyata. Furar da ake kawo maka, wa kake zaton yana damawa? Ai ba a dama wa wanda ake fushi da shi fura da nono mai kauri. Amma tunda ka tambaya, na yafe, duniya da lahira. Kai ma ka yafe mana, ba mu taɓa yi maka godiya yadda ta kamata ba. Kuma an ce ka ƙi tashi. To ka tashi."

Na fassara maganar a takarda na haɗa da kaset ɗin na aika. Makon jiya aka kira ni ofishin shugaban sashe, wai ana nemana a waya daga ƙasar waje. Saratu ce, layin yana ta ƙara. Ta ce saƙo ya iso. Ta ce da ta ɗauko takardar za ta karanta masa, sai ya ɗaga hannu ya ce ta bari, ta sake kunna masa muryar kawai.